Kama da Wane Ba Ta Wane: Cigiyar Ɗan'uwa a Zamanin Kati da Waya



A ƙarshen daminar da ta wuce wani baƙo ya sauka a unguwarmu a nan Kumasi daga ƙasar Katsina, mutum mai kimanin shekara arba'in, da 'yar jakarsa da wata takarda da ta sha ninki har ta fara yagewa. Cigiyar baffansa ya zo yi, wan mahaifinsa. Kakansa ya daɗe a Kumasi yana fataucin goro, sai ga dokar korar baƙi ta watan Nuwamba na 1969, wadda a cikinta gwamnatin Dakta Busia ta ba duk baƙon da ba shi da takardar izinin zama wa'adin mako biyu ya bar ƙasar. Tsohon ya kwashi matarsa da ƙananan yara ya koma gida, babban ɗansa kuwa ya tsaya a nan domin yana koyon sana'a a hannun wani ubangida. Wasiƙa ta yi ta kai da komo shekara biyu ko uku, daga nan ta yanke. Yanzu mahaifin baƙon namu ya rasu, ga kuma gonar kakansu da ba za ta rabu ba sai an san ko baffan yana raye, in kuwa ya riga mu gidan gaskiya, ko ya bar baya.

Ba zan faɗi sunan da ke jikin takardar ba. Ku ɗauka Abubakar Muhammad ne, domin yawan masu amsa shi bai gaza na wannan ba. Samarin unguwa, da kyakkyawar niyya, suka watsa cigiyar a Facebook da zaurukan WhatsApp. Kafin kwana uku an turo lambobin waya fiye da goma, da hotuna, har da hoton katin shaidar wani bawan Allah da bai san ana yi ba. Wani dattijo a Techiman ya sha kira daga mutanen da bai sani ba suna yi masa maganar gado, har ya gaji ya kashe wayarsa. Wani kuma ya bugo da kansa ya ce shi ne babban ɗan wanda ake nema, a turo masa kuɗin mota ya taho. Aka tura, daga ranar ba a sake samun layinsa ba.

Wadda ta warware al'amarin wata tsohuwa ce mai sayar da koko a bakin masallaci. Ba ta ko dubi takardar ba. Tambaya uku ta yi wa baƙon: a gidan wa kakanka ya sauka, wace sana'a baffan naka ya koya, kuma da wane suna 'yan gidansu suke kiransa? Baƙon ya tuno abin da mahaifinsa ya sha faɗa, ya amsa. Ta yi shiru kaɗan, sannan ta kwatanta masa wani gida. Kafin la'asar yana zaune gaban 'yar baffansa ana ta kuka. Baffan ya rasu shekarun baya, kuma da aka fito da takardunsa sai aka ga sunan da ke ciki bai yi kama da wanda ake cigiya ba: wani akawu tun da daɗewa ya rubuta sunan ubangidansa a mazaunin sunan mahaifi, aka ci gaba da kwafa a haka har ya mutu. Ke nan duk binciken da samari suka yi ya kawo mutum goma waɗanda ba su ba ne, ya kuma tsallake mutum ɗayan da shi ne.

Abin da nake so in ja hankalinmu a kai shi ne wannan: a al'adarmu suna shi kaɗai bai taɓa isa ya nuna mutum ba, kuma magabatanmu sun san haka, suka yi wa abin dabara. Mu ne muka zo muka saki dabarar, muka riƙe suna tsirara muna bin sa a waya, alhali ba mu kuma gyara takardun da zamani ya ɗora mana ba. Mun bar hanyar da, ba mu kama ta yanzu da kyau ba, kuma 'ya'yanmu ne za su biya bashin.

Mu fara da yadda muke raɗa suna. Bahaushe ba ya neman sunan da babu mai shi, neman albarka yake yi. Sunayen annabawa da sahabbai da iyalan gidan Manzon Allah (SAW) su ne taskarmu, kuma taskar ba ta da faɗi sosai. A kan wannan sai aka ƙara al'adar yi wa mutum takwara: ka sa wa ɗanka sunan mahaifinka ko malaminka ko amininka don girmamawa, kuma wanda aka yi wa takwara yakan ɗauki abin da nauyi har ya yi wa yaron ɗinkin salla. Saboda haka yawan masu suna ɗaya a cikinmu abu ne da muka ƙulla da hannunmu da gangan, kuma abu ne mai kyau. Sai dai tun a cikin gida aka san yana kawo ruɗani, shi ya sa aka yi masa magani. In uba ya sa wa 'ya'yansa maza Muhammadu a jere, sai a bambanta su da Auwal da Sani da Salisu da Rabi'u da Hamisu. In yaro ya ci sunan kakansa, uwa ba za ta iya kama sunan surukinta ba, sai a ce Abba ko Baba. Ranar haihuwa ta ba mu Ɗanladi da Ladi, Ɗanjuma da Jummai, Balarabe da Laraba, Talatu da Asabe. Yanayin haihuwa ya ba mu Tanko, namijin da ya biyo mata, da Gambo mai bin tagwaye. Abubakar ya zama Garba ko Habu ko Buba, Usman ya zama Shehu, A'isha ta zama Indo, Hauwa ta zama Kulu. Sakamakon haka shi ne kusan kowane ɗayanmu yana da sunan yanka wanda liman ya sani, da sunan da unguwa ta sani, kuma sau da yawa maƙwabcinka na shekara talatin bai san sunanka na yanka ba sai ranar jana'izarka.

A waje da gida kuwa, sarƙa ake ƙulla wa mutum: wane ɗan wane, mutumin gari kaza, mai sana'a kaza, na gidan wane. Ku dubi babban malamin nan namu, Alhaji Umaru na Kete-Karachi, wanda ya rasu a 1934. Umaru ɗan Abubakar ne, kuma Allah kaɗai Ya san Umaru ɗan Abubakar nawa ne suka bi hanyar Gwanja a zamaninsa. Amma a rubuce-rubuce ana jingina shi ga Kabi, asalin iyayensa, da Kano inda aka haife shi, da Salga inda ya zauna, sai sunan ya zama taswirar tafiyarsa, babu mai ruɗa shi da wani. Haka Alhassan Ɗantata, wanda ya yi fataucin goro tsakanin Kano da wannan ƙasa kafin ya zama attajirin da duniya ta sani: sunan mahaifinsa Abdullahi, amma da sunan Tata, matar da ta raine shi, aka san shi, kuma da shi zuriyarsa take amsawa har yau. A zangunanmu an ƙara wani ƙulli mai ƙarfi, wato maigida. Fatake ba sa sauka a sarari, a gidan wani suke sauka, shi ne mai ba su masauki, mai tsaya musu a ciniki, mai karɓar saƙonsu. Tambayar farko da tsohuwar nan ta yi, a gidan wa kakanka ya sauka, ita ce tambayar da aka yi shekara ɗari ana gano mutane da ita daga Salga zuwa Kumasi.

Wannan matsala ma malaman hadisi sun riga mu haɗuwa da ita, suka mayar da ita fanni guda. Khaɗib al-Bagdadi, wanda ya rasu a shekara ta 463 bayan Hijira, ya wallafa littafi sukutum a kan maruwaitan da sunansu da na ubanninsu ya zo ɗaya alhali mutane ne daban, mai suna Al-Muttafiƙ wal-Muftariƙ. Duk ɗalibin hadisi ya san akwai Sufyanu biyu, Assauri da Ibn Uyaina, da Hammadu biyu, ɗan Zaidu da ɗan Salama. In aka ambaci sunan kawai, sai a duba wa ya karantar da shi, wa ya ɗauka daga gare shi, a wane gari ya zauna, yaushe ya rasu. Ba su yarda su jingina magana ga mutum don sunansa ya dace ba. Mu kuwa yau muna jingina wa mutum gado, ko bashi, ko laifi, don injin bincike ya fito mana da haruffa iri ɗaya.

To, me takardun hukuma suka yi wa wannan tsari? Sun datse sarƙar, suka bar gida biyu kawai a fom: sunanka da sunan dangi. Mu kuwa ba mu da sunan dangi irin na Turawa, sai kowane akawu ya cike gurbin da abin da kunnensa ya ji. Husaini ya koma Fuseini, Sa'idu ya koma Seidu, Yusufu ya koma Issifu ko Yussif, Ibrahim ya koma Braimah, Hadiza ta koma Adiza, Abubakar ya koma Bukari ko Abubakari, Muhammadu kuwa ya rabu Mohammed da Mahama da Muhammed. Ɗan'uwanka da ke Lome ko Yamai ko Garwa, inda aka yi rubutu da alƙalamin Faransa, shi Aboubacar ne ko Ousmane ko Mahamadou. 'Ya'yan mutum ɗaya, ɗaki ɗaya, sai ka tarar da ɗaya yana amsa sunan uba, ɗaya na kaka, ɗaya na kawun da ya kai shi makaranta. Wani ma takardar makarantarsa daban, fasfo daban, lasisin tuƙi daban.

Da can wannan bai dame mu ba, domin takarda ba ta shiga rayuwar talaka sosai. Yau ta shiga har ɗaka. Tun watan Oktoba na 2021 aka fara ɗaure layukan waya da katin ɗan ƙasa, wato Ghana Card, kuma daga 1 ga Yuli 2022 Babban Bankin Gana ya mayar da shi shaidar da za a karɓa a hulɗar banki. Harafi ɗaya ya saɓa tsakanin kati da asusu, sai mutum ya kwana yana zarya. Gyaran suna kuwa sau da yawa sai an yi takardar rantsuwa an kuma buga a Gazet ta gwamnati, ga kuɗi ga ɓata lokaci. Abin da ya fi wannan nauyi a wurinmu shi ne maganar zama ɗan ƙasa. Tsarin mulkin 1992 ya ce wanda aka haifa bayan fara aiki da shi ɗan Gana ne in ɗaya daga iyayensa ko kakanninsa ɗan Gana ne, ma'ana hujjar tana rataye ne a kan nasaba. A 2020 kuma Kotun Ƙoli ta bayyana cewa takardar haihuwa ita kaɗai ba ta tabbatar da zama ɗan ƙasa. Wanda sunansa ya yi kama da na Arewacin Najeriya ko Nijar ya san irin kallon da akan yi masa a wasu teburori, ko da kakansa a Sabon Zango aka binne cibiyarsa. Idan aka tambaye shi hujja, ya fito da takardarsa da ta mahaifinsa aka ga sunayen ba su haɗu ba, ya ba mai neman hana shi abin kamawa. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga.

Mai neman ɗan'uwa ta hanyar takardun hukuma ya kamata ya san abin da kowace ƙofa za ta iya ba shi. Ofishin rajistar haihuwa da mutuwa yana da abin da aka kai masa ne kawai, kuma yawancin kakanninmu ba a kai su ba. Ma'adanar tsofaffin takardun gwamnati, PRAAD, tana da babban ofishi a Ankara da rassa a garuruwa irin su Kumasi da Tamale, kuma a nan akan dace da bayanan tsofaffin shari'o'i da rigingimun fili da na sarauta, inda sunayen masu gidaje da sarakunan zango suke fitowa. Hukumar filaye takan yi bincike a kan fili, hukumar zaɓe takan baje rajistarta kafin zaɓe don kowa ya duba sunansa. Tun 1907 akwai dokar rajistar auren Musulmi a ƙasar nan, amma kaɗan ne daga cikinmu suka taɓa bin ta, sai ga shi aure mai shaidu ɗari ba shi da layi ɗaya a littafin hukuma. Duk waɗannan ƙofofi ba a buɗe su da suna kawai. Za a tambaye ka shekara, gari, unguwa, sunan uba da na uwa. Wato dai tambayoyin tsohuwa mai koko ne za su sake tare ka a gaban teburin ma'aikaci.

Game da lambar waya da adireshi kuwa, a nan ne nake ganin mun fi yin sakaci. Lambar mutum amana ce a hannun wanda ya ba. Idan wani ya yi cigiya a zaure mai mutum ɗari biyar, kai kuma ka jefa lambar maƙwabcinka don sunansa ya dace, ka buɗe ƙofar gidansa ga mutum ɗari biyar ba tare da sallama ba. Ba ka san ko mai cigiyar ɗan'uwa ne, ko mai bin bashin wani takwara ne, ko tsohon miji ne da matar ta gudu daga dukansa, ko ɗan damfara ne mai tara lambobi. Hoton kati ya fi muni, domin da shi ake iya yin ɓarna da sunan mutum. Ƙasar nan tana da dokar kare bayanan mutane tun 2012, amma tun kafin ita Suratul Hujurati ta umarce mu da tantance labari don kada mu cutar da mutane cikin rashin sani, ta kuma hana mu bin diddigin sirrin juna. Mun sha ganin an liƙa hoton mutum an ce ɓarawo ne ko mayaudari, daga baya a gane takwaransa ne. A goge rubutun, amma surukansa sun riga sun gani, abokan cinikinsa sun riga sun gani. Magana zarar bunu ce.

Na san za a ce mini zumunci ba ya son jan ƙafa, kuma waya ta haɗa dangi da yawa da suka rabu. Gaskiya ne, na ga hakan da idona, kuma ba cewa nake a daina cigiya a intanet ba. Cewa nake a juya akalarta: mai nema shi ne zai bar lambarsa, ko ta limami ko ta sarkin zango, wanda ya san wani mai irin sunan kuma ya je ya same shi a asirce ya ce ana cigiyar mai sunanka, ga lamba in kana ganin kai ne. Zaɓi ya koma hannun wanda ake nema. Mai cigiya kuma kada ya zazzage duk abin da ya sani a bainar jama'a. Ya riƙe abu ɗaya ko biyu, kamar sunan kaka mace ko laƙabin gida, ya zama da su zai gwada duk wanda ya ce shi ne. Da baƙonmu ya yi haka, da bai yi asarar kuɗin mota ba.

Wasu dattawa kuma suna da nasu tsoron, kuma ina girmama shi. Sun ga 1969, sun ga yadda rashin takarda ya kori mutum daga garin da aka haife shi, wasunsu kuma suka ɗauki darasin a juye, suka ga gara a yi nesa da ofis da rubutu gaba ɗaya. Amma wanda ya sha wuya a wancan lokaci shi ne wanda ba shi da abin nunawa. Wasu kuma suna ganin tsayar da sunan dangi kwaikwayon Turawa ne, har yana iya kai mutum ga barin sunan mahaifinsa, abin da addini bai yarda da shi ba. Amsa ita ce babu wanda ya ce a bar sunan uba. Fom ɗin yana da gurbin suna na tsakiya. A sa sunan yaro, da na mahaifinsa, sannan sunan kaka ko na gida wanda duk zuriya za ta riƙe. Babban Limamin ƙasa, Shaihu Usmanu Nuhu Sharubutu, suna uku yake amsawa, kuma na ukun ya isa ya raba shi da duk wani Usmanu ɗan Nuhu a faɗin Gana.

Saboda haka ga abin da nake roƙon kowane magidanci. Ka tara takardun gidanka a tabarma ɗaya, naka da na matarka da na yara, ka duba ko rubutun sunayen ya yi daidai harafi da harafi. Inda ya saɓa, a gyara tun kana raye kana iya rantsuwa, domin gyaran takardar mamaci ya fi wuya nesa ba kusa ba. A zauna da 'yan'uwa a tsayar da rubutu ɗaya na sunan gida. Jaririn da aka haifa a kai shi rajista kafin ya cika shekara, lokacin da rajistar kyauta ce, kuma uba ya rubuta sunan da hannunsa ya miƙa, kada ya bar wa kunnen ma'aikaci. Sannan a sayi littafi mai bango mai ƙarfi, a zauna gaban tsofaffin gida a rubuta: sunan yanka, sunan da aka fi sani, sunan da ke kan kati, uba, uwa, kaka, garin asali, gidan da aka fara sauka, sana'a, da inda kowane reshe ya nufa. A rubuta da boko, wanda ya iya ya ƙara da ajami. Limamanmu kuma, waɗanda a gabansu ake raɗa suna, ake ɗaura aure, ake sallar gawa, su ne suka fi kowa cancantar riƙe irin wannan littafi na unguwa, a ajiye shi a masallaci ko a fadar sarkin zango, a buɗe shi ga mai buƙata ta gaskiya kawai.

Baƙonmu ya koma Katsina da 'yar baffansa da ƙaninta, an raba gona kowa ya sami haƙƙinsa. Amma na yi ta tunanin cewa duk wannan ya rataya ne a kan ƙwaƙwalwar tsohuwa ɗaya da ta haura shekara tamanin. Da ya makara da shekara biyu ko uku, wa zai tambaya? A kowane zango akwai irinta, maza da mata, waɗanda suka san wane ɗan wane, da wanda ya tafi a 1969, da wanda ya tsaya. Kullum raguwa suke yi, kuma ba a rubuta abin da ke kansu ba. Wanda yake da irin wannan tsoho a gida, ya je ya gaishe shi a wannan mako da littafi da alƙalami a hannu.

Allah Ya jiƙan magabatanmu, Ya sada duk mai cigiya da nasa, Ya kare mu daga ɗaukar alhakin wanda bai ji ba bai gani ba. Wassalamu alaikum.